Darasi na Goma Sha Huɗu: Daga Gaban Kyamara Zuwa Bayanta

Manufar Darasi

A ƙarshen wannan darasi ana sa ran ɗalibi zai iya:
1. ba da taƙaitaccen tarihin Mevlan Shanaj da ayyukansa;
2. bambanta aikin ɗan wasa da na darakta;
3. gina sunayen masu sana'a da ɗan, mai da ma-.

Lura: a rubutun Albaniya ana furta harafin j kamar y na Hausa, xh kuma kamar j. Saboda haka Shanaj "Shanai" ake cewa, Hoxha kuma "Hoja".

Karatu

Albaniya ƙaramar ƙasa ce a yankin Balkan, a kudu maso gabashin Turai. Tana iyaka da Girka ta kudu, ta yamma kuwa teku ne ya raba ta da Italiya. Sunan babban birninta Tirana. Daga 1944 zuwa 1985 mutum ɗaya ne ya mulke ta, wato Enver Hoxha, bisa tsarin kwaminisanci mai tsauri. A zamaninsa jarida da rediyo da fim duk mallakar gwamnati ne. A 1952 aka buɗe masana'antar fim ta ƙasa a Tirana, aka raɗa mata suna "Sabuwar Albaniya". Talabijin kuwa sai a 1960 ya fara aiki.

A wannan ƙasa aka haifi Mevlan Shanaj a 1945, a yankin Fier. Da ya girma ya tafi Tirana, ya shiga babbar makarantar koyon zane da kiɗa da wasan kwaikwayo, ya fito a matsayin ɗan wasa. Yana da shekara 25 sunansa ya zaga ƙasar, saboda wani fim da Viktor Gjika ya shirya a 1970 mai suna I teti në bronz, ma'ana "Na Takwas na Tagulla Ne". An ɗauko labarin daga wani littafi na marubuci Dritëro Agolli.

Ga yadda labarin yake. An gama Yaƙin Duniya na Biyu. Mayaƙan sunƙuru bakwai sun ɗauko mutum-mutumin tagulla na jagoransu, Ibrahim Kovaçi, wanda ya rasu a yaƙin, za su kai shi garinsu. Su bakwai ne masu rai, na takwas ɗinsu tagulla ne. Suna tafe suna tuna zamansu da shi, mai kallo kuma yana ganin abin da suke tunawa. Shanaj ne ya fito a matsayin Ibrahim. Fim ɗin ya sami karɓuwa a gida, ya kuma tsallaka har ƙasar Sin, wadda a lokacin take ƙawance da Albaniya, inda jama'a masu ɗimbin yawa suka kalle shi.

Wanda ya yi irin wannan suna yana saurayi, an zaci a gaban kyamara zai ƙare rayuwarsa. Shanaj bai yi haka ba. Mafi yawan shekarun aikinsa a gidan rediyo da talabijin na ƙasa ya yi su, yana darakta. Ya shirya fina-finan labari, ya kuma shirya shirye-shiryen gaskiya masu yawa, irin waɗanda ma'aikatan talabijin ke kira dokumentari. A 1980 ya fitar da Plumba perandorit, wato "Harsasai ga Sarki". Wannan fim ne na 'yan wasa, amma an gina shi a kan abin da ya faru da gaske. Italiya ta mamaye Albaniya a watan Afrilun 1939. A watan Mayun 1941 sarkin Italiya, Vittorio Emanuele na Uku, ya ziyarci Tirana, sai wani saurayi mai suna Vasil Laçi ya harbi motarsa. Sarkin ya tsira, saurayin kuwa aka kama shi aka kashe.

Mene ne bambancin aikin da Shanaj ya bari da wanda ya kama? Ɗan wasa rubutu ake ba shi ya haddace. A gaya masa inda zai tsaya, da lokacin da zai juya, da yadda zai ɗaga murya. In ya yi kuskure, a sake ɗauka. Daraktan shirin gaskiya ba shi da wannan sauƙi. Mutanen da yake ɗauka ba su haddace komai ba: manomi ne, ko tsohuwa, ko tsohon soja. Wasu suna jin nauyin kyamara su yi shiru, wasu kuma su faɗi abin da suke zaton ana so su faɗa. Aikin darakta shi ne ya yi bincike tukuna, ya zaɓi wanda zai tambaya, ya zauna da shi har ya saki jiki. A nan ne tsohon ɗan wasa yake da riba, domin shi ma ya taɓa tsayawa a gaban wannan idon na gilashi, ya san yadda gaban mutum ke faɗuwa.

Bayan ɗauka sai haɗawa. Darakta yakan dawo da hotuna na sa'o'i da yawa, alhali shirin bai fi rabin sa'a ba. Dole ya zubar da mafi yawansu. Wace magana zai bari? Wacce zai yanke? Wa zai fara magana, wa zai rufe? Hausawa na cewa gani ya kori ji, kuma gaskiya ne. Sai dai mai kallon talabijin abin da aka nuna masa kawai yake gani. Duk hoton da ke cikin shirin zai iya zama na gaskiya, amma shirin ya ɓatar da mutane saboda abin da aka ɓoye. Ku tuna da Ibrahim Kovaçi: mun san shi ne ta bakin waɗanda suka ƙaunace shi. Haka shirin gaskiya yake: bakin da aka ba dama shi muke ji.

A Albaniyar wancan zamani wannan zaɓi ba a hannun darakta kaɗai yake ba. Tashar talabijin ɗaya ce tak, kuma jam'iyya mai mulki tana sa ido a kan duk abin da ta watsa. A watan Disamban 1972 gidan ya shirya bikin waƙa na shekara-shekara, karo na 11. Shugabanni suka ce waƙoƙin da suturar mawaƙan kwaikwayon ƙasashen waje ne. A 1973 aka tuɓe shugaban gidan, Todi Lubonja, daga baya aka ɗaure shi shekaru masu yawa. Duk wanda ke aiki a wannan gida ya ga abin da ya faru. Idan waƙa za ta kai mutum kurkuku, ina ga shirin da ya nuna talauci ko ƙorafin jama'a? Shi ya sa shirye-shiryen lokacin suka cika da sababbin masana'antu da gonakin haɗin gwiwa da jaruman yaƙi. Mutane da yawa kuwa sukan kama tashoshin Italiya a ɓoye, don su ga abin da tasu ba ta nuna musu.

Hoxha ya rasu a 1985. Ranar 20 ga Fabrairun 1991 masu zanga-zanga suka kayar da ƙaton mutum-mutuminsa a tsakiyar Tirana, a 1992 kuma 'yan adawa suka ci zaɓe. Masu fim suka sami 'yancin magana, amma suka rasa kuɗin aiki. Masana'antar da ke fitar da fim fiye da 10 a shekara ta wargaje. Duk da haka Shanaj bai ajiye sana'arsa ba. A 2003 ya fitar da Lule të kuqe, lule të zeza, wato "Jajayen Furanni, Baƙaƙen Furanni", wanda matarsa Natasha Lako, marubuciya mai waƙoƙi da labaran fim, ta rubuta.

Har yau 'yan Albaniya ba su gama shawara a kan tsofaffin fina-finan nan ba. A 2017 an yi muhawara mai zafi a kan ko ya kamata a daina nuna su a talabijin. Wasu suka ce farfaganda ce da ke wanke azzalumai. Wasu suka ce a cikinsu ne kaɗai za a ga titunan wancan zamani, a ji muryoyin iyaye da kakanni, kuma masu aikin sun yi iya ƙoƙarinsu a cikin ƙunci. Kowane ɓangare yana da hujja. Abin da ya rage ga mai kallo, a Tirana yake ko a garinku, shi ne ya riƙa tambayar kansa: wa ya riƙe kyamarar, kuma me ya bari a waje?

Ma'anar Kalmomi

darakta: mai ba da umarni wajen shirya fim
shirin gaskiya: shirin da ke nuna mutane da al'amura na zahiri, ba ƙagaggen labari ba
mayaƙan sunƙuru: masu yaƙi a ɓoye, su kai hari su janye
mutum-mutumi: siffar mutum da aka ƙera da ƙarfe, dutse ko itace
tagulla: wani ƙarfe mai launin ja-ja
saki jiki: daina jin tsoro ko kunya
tuɓe: cire mutum daga muƙami
farfaganda: labarin da aka tsara don juya ra'ayin jama'a

Tambayoyi

1. Su wa suka ɗauko mutum-mutumin Ibrahim Kovaçi, kuma ina za su kai shi?
2. Wane abu ne ya faru a Tirana a watan Mayun 1941?
3. Kawo bambanci biyu tsakanin aikin ɗan wasa da na daraktan shirin gaskiya.
4. Me ya sa aka tuɓe Todi Lubonja?
5. Ta yaya shiri zai ɓatar da mai kallo alhali hotunansa na gaskiya ne?

Nahawu: Sunayen Masu Sana'a

Hausa tana da hanyoyi uku na kiran mai sana'a, kuma duk sun fito a karatunmu.
(a) ɗan, 'yar, 'yan: ɗan wasa, 'yar wasa, 'yan wasa.
(b) mai, masu: mai kallo, masu kallo. Kalmar mai ba ta canzawa tsakanin namiji da mace.
(c) ma- a farkon aikatau: daga rubuta an sami marubuci, marubuciya, marubuta.

Kawo siffar mace da ta jam'i ta waɗannan: ɗan jarida, mawaƙi, mai ɗaukar hoto, manomi, ma'aikaci.

Aikin Gida

A ce an ba ku minti 10 ku nuna kasuwar garinku a talabijin. Rubuta sakin layi biyu da Hausa. A na farko faɗi mutum uku da za ku yi hira da su. A na biyu faɗi abu ɗaya da ba za ku nuna ba, tare da dalilinku.