Mun Sasanta, Kotu Za Ta Rufe Shari'ar?

Tambaya: Maƙwabcina a Yankara ya ji mini rauni kan iyakar gona. Dattawa sun sulhunta mu, ya biya kuɗin magani. Shari'ar da ke gaban kotu ta ƙare ke nan?

Amsa: Malam, Allah ya ƙara sauƙi. Sulhun zaure kaɗai ba ya rufe shari'a. Ku rubuta yarjejeniyar, mai unguwa da shaidu su sa hannu, ka tsaya gaban alƙali ka ce ka yafe, ba wanda ya tilasta ka. In raunin ƙarami ne, alƙali kan sallami wanda ake tuhuma. Fashi da makami, garkuwa da mutane da fyaɗe kuwa, yafiyarka ba ta kashe su. Sai dai sashe na 211 na tsarin mulkin 1999 ya ba Antoni Janar na jiha ikon janye tuhuma. Kada ka daina zuwa kotu sai alƙali ya yanke hukunci.