Jinkirin Kai Ƙara Bayan Soke Lasisi

Mai kemis a Roni da hukumar tarayya ta soke wa lasisi wata 3 kacal gare shi ya kai ƙara, bisa sashe na 2 na Dokar Kare Jami'an Gwamnati. Lissafin yana farawa daga ranar sokewar. Takardun koke da zaryar neman sulhu ta hannun hakimi ba sa tsayar da shi, kuma nan galibi ake yin sake. In wa'adin ya wuce, kotu kan kori ƙarar ko da mai ita yana da gaskiya, sai dai in jami'in da ya soke lasisin ya wuce huruminsa ko ya yi da mugun nufi. Mai kemis ɗin ya adana takardar sokewar, ya nemi lauya, su nufi Babbar Kotun Tarayya da ke Dutse.