Amsar Tambaya: Me ake nufi da M48.06 a takardar asibiti?

Wani mai karatu daga Gure ya tambaya: likita a Damagaram ya rubuta wa mahaifinsa M48.06, shin wata muguwar cuta ake ɓoye musu?

Malam, kwantar da hankalinka. Lambar daga kundin cututtuka na Hukumar Lafiya ta Duniya take, wanda likitocin Nijar ke kira CIM-10. M48.0 na nufin ƙuntatar hanyar da jijiyoyi ke bi cikin ƙashin baya, 6 kuma na nuna wurin, wato ƙugu. Shi ya sa mai irin ciwon Baba kan ji ƙafafunsa sun yi nauyi in ya taka zuwa kasuwa, amma da ya zauna ko ya sunkuya sai ya sami sauƙi. Kana iya cewa lamba ba ta warkar da kowa. Gaskiya ne, ba ta ma faɗin tsananin ciwon. Gwajin likita da hoton IRM ke nuna wannan. Amma in an tura Baba Yamai, lambar ce ke sa likitan can ya gane abin da na Damagaram ya gani, ba sai an koma farko ba. Ku adana takardar. In fitsari ya fara kuɓuce wa Baba, ko ƙafa ta mutu, ku kai shi asibiti ran nan, kada ku tsaya wajen mai ɗori.