Me Ya Sa Mujallun Amurka Suka Yi Arha?

Wata mai sauraronmu daga Zariya tana tambayar dalilin da ya sa mujallun Amurka suka karye a farashi a ƙarshen ƙarni na 19.

To, Malama, talla ce ta jawo haka. A 1893 Frank Munsey ya rage kuɗin mujallarsa daga senti 25 zuwa 10. Jama'a suka yi caa a kanta, kamfanonin sabulu da na kekuna kuwa suka riƙa zuba kuɗin talla don hajarsu ta shiga gidajen masu karanta ta. Masanin adabi Richard Ohmann, a littafinsa Selling Culture na 1996, ya nuna cewa hankalin masu karatu ne mujallun suke sayar wa 'yan kasuwa. Tun 1833 ma jaridar New York Sun ta gwada wannan dabara, tana sayar da kwafi a kan senti 1.