Darasi: Yadda Ake Gina Kalandar Gem Mai Bin Zafi da Sanyi

A labarin Game of Thrones, lokacin zafi ɗaya ya kai shekara 10. Sai malaman Citadel sun tabbatar yanayi ya juya sannan su aika fararen hankaki da sanarwa. Mai haɗa gem da ke son irin wannan kalanda, zafi zai riƙa aunawa maimakon ƙirga kwanaki.

Amma akwai tarko. In ya sa iyaka ɗaya, misali digiri 20, da ma'auni ya ɗan motsa kalandar za ta yi tsalle, gonar ɗan wasa ta lalace a banza. Gara iyaka biyu: hunturu ya shigo in matsakaicin zafin kwana 30 ya gaza digiri 15, kada ya fita sai ya haura 22. Da wannan dabarar firji ke kunna injinsa yana kashewa.