Mai Tace Hoto a Finafinan Hausa

1.0 Gabatarwa

Ɗalibi ya san jarumi da darakta, amma ba kasafai yake sanin mai tace hoto ba, wanda 'yan fim ke kira edita. A wannan darasi za a duba aikinsa da amfanin saninsa ga malamin Hausa.

2.0 Ma'anar Aikin

Ba a ɗaukar fim bisa jerin labarinsa. Akan ɗauki fitowar ƙarshe kafin ta farko, a kuma maimaita fitowa guda sau da dama. Mai tace hoto ne yake zaɓen wadda ta fi kyau, ya yanke, ya jera, ya daidaita murya da hoto. Aikinsa ya bambanta da na Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano, wadda aka kafa a 2001 domin duba dacewar fim da tarbiyya.

3.0 Sauyin Kayan Aiki

A zamanin Turmin Danya, wanda ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar a Kano a 1990, akan kwafi hoto daga kaset zuwa kaset. Kuskure a tsakiya yakan sa a sake duk abin da ya biyo baya. Zuwan kwamfuta da manhajoji irin su Adobe Premiere ya ba da damar matsar da fitowa ba tare da ɓata sauran ba. Yawanci akan koyi sana'ar ta hanyar zama a gaban maigida a sutudiyo.

4.0 Tasirin Jeri

Kimanin shekara 100 da suka wuce, Lev Kuleshov na ƙasar Rasha ya haɗa hoton fuska ɗaya da kwanon miya, sannan da akwatin gawa. Masu kallo suka ga yunwa a na farko, baƙin ciki a na biyu, alhali fuskar ba ta sauya ba. Ashe jeri yana haifar da ma'ana.

5.0 Kammalawa

Malamin da aka tura Kunci zai tarar da ɗalibai suna kallon guntayen bidiyo a waya. Wanda ya san yadda ake yanka, ba a saurin ruɗarsa da jawabin da aka datse don a ɓata wani. Haka kuma zai fi fahimtar zubi da tsarin labari.

Auna Fahimta

1. Bambanta tacewar edita da ta hukuma.
2. Sauya jerin aukuwa uku a tatsuniyar Gizo, ka bayyana yadda ma'ana ta sauya.