Furen Marar-Haƙuri Da Ranar Ƙasarmu

Da aka danƙa mini lura da lambun furanni na kwaleji, abin da na fara dasawa shi ne wani fure da masana tsire-tsire ke kira Impatiens. Kalmar ta Latin ce, ma'anarta marar haƙuri. Dalilin sunan kuwa, in kwanson irinsa ya nuna, ko da yatsa ka ɗan taɓa shi sai ya fashe, ya watsar da 'ya'yan. To, ni ma a nan Marar-Haƙuri zan riƙa ce masa. Sai da na yi hasarar fangali guda cur kafin in gane abin da yake so. Shi ya sa na ga ya kyautu in rubuta, tun da yake yawancinmu in mun fita za a ba mu lambun makaranta, a ce mu koya wa yara.

Wannan fure danginsa sun fi 1,000. Wanda aka fi shukawa a gidaje, watau Impatiens walleriana, ɗan Afirka ne. Asalinsa daga gabas, tun daga Kenya har zuwa Mozambik, inda yake fita a bakin rafi da ƙarƙashin manyan itatuwan kurmi. Ku riƙe wannan, gama duk halinsa daga nan ya samo shi. Zafi bai dame shi ba ƙwarai, muddin akwai laima a ƙasa. Abin da ba ya jimrewa shi ne rana ta tsaya a kansa.

Ni kuwa littafi na bi, wanda aka rubuta don mutanen Ingila. Ya ce a dasa shi a arewacin bango, can ne inuwa take. Na bi maganarsa sau da ƙafa. Cikin Janairu na dasa a arewacin ɗakin karatu, ya kama, ya yi fure jajaye da farare, har abokai suna tsayawa kallo. Da Maris ya kama sai na ga ganye yana yin fari-fari, bakinsa yana ƙonewa. Na ƙara ruwa safe da yamma, ashe ƙara masa ciwo nake yi. Kafin Afrilu ya yi nisa rabi ya ƙone, rabi ya ruɓe daga gindi.

Mai littafin bai yi ƙarya ba, don ƙasarsu ya rubuta. A Landan rana ba ta taɓa zuwa bisa kai, kullum da tsakar rana tana kudu, saboda haka arewacin bango ba ya rasa inuwa. Mu nan dabam ne. Ibadan, misali, digiri 7 da ɗoriya take arewa da ikwaita. Cikin Disamba rana tana karkata kudu da wajen digiri 30, bango mai tsawon ƙafa 10 yakan jefa inuwa kusan ƙafa 6 ta arewa. Ran 21 ga Maris inuwar nan ta koma ƙafa 1 da 'yan inci. Cikin mako na biyu na Afrilu ta ɓace sarai, rana ta haura arewa, ba ta komowa sai farkon Satumba. Watau wurin da na zaɓa inuwarsa ta gudu daidai lokacin da zafi ya fi tsanani.

Kada ku yarda da maganata kawai. Ku kafa sanda a fili, ku sa yara su auna inuwarta da tsakar rana sau ɗaya a mako, su rubuta tsawonta da inda ta fuskanta. Darasin labarin ƙasa ke nan da na aikin gona a haɗe, ba a kuwa kashe ko kwabo ba.

Yanzu a gabashin gini nake dasawa, kusa da bango, inda rufi ya ɗan zazzago. Yana shan ranar safe tun daga fitowarta har wajen ƙarfe 10, sa'an nan rufi ya kare shi, da azahar kuma bango ya tare. Wannan ba ya sakewa ko wane wata ne, don rana ba ta fasa fitowa daga gabas. Yammacin gini shi ne mafi muni, gama ban da rana ga bango ya yi zafi yana gasa shi. In babu gini, a yi masa rumfa da ganyen kwakwar manja, a shimfiɗa shi sako-sako, kamar yadda manoman koko ke yi wa ƙananan dashensu.

Amma kada a ce tun da inuwa yake so a kai shi gindin mangwaro. Na gwada. Inuwar mangwaro ta yi duhu, sai ya yi ta miƙewa zalau-zalau yana neman haske, ga ganye kore shar, fure kuwa ɗaiɗai. Shi kansa yakan faɗa maka halin da yake ciki. Doguwar gaba da ƙarancin fure, haske ya kasa. Ganye ya koɗe ya ƙanƙance, rana ta yi yawa.

Sai batun ruwa, inda na fi yin wauta. Karansa ruwa ne zalla, don haka da tsakar rana yakan yi yaushi ko da ƙasa na da laima, da la'asar ya farfaɗo. Kafin ka ɗauko gwangwani, sa yatsa cikin ƙasa kamar inci 1. In da danshi, ƙyale shi. In ta bushe, zuba a gindi da sassafe, kada a jiƙa ganye. Akwai wata cuta mai sa farin gari a bayan ganye, wadda ta yi wa wannan fure ɓarna ƙwarai a Ingila da Amurka wajen 2011, jiƙaƙƙen ganye take so. A bar tazarar inci 10 zuwa 12 tsakanin dashe don iska ta ratsa, a rufe gindi da busasshiyar ciyawa, musamman da hunturu.

Wanda ba shi da wurin inuwa sam, akwai waɗanda suka fi wannan jimiri. Irin ƙasar Niyu Gini, wanda Amurkawa suka ɗebo daga can a 1970, ya fi shi ɗaukar rana. Wani kamfanin Japan, Sakata, ya fitar da wani a 2006 mai suna SunPatiens, don shuka a fili. Duk da haka sai ruwa ya wadata. Akwai kuma Impatiens balsamina, ɗan Indiya, wanda ake shukawa da iri. Shi ne matan Koriya ke dakawa su ƙunsa a farce, domin yana da sinadarin nan mai rini da ke cikin lallenmu.

Wanda yake son dashe, ya same ni a lambu ran Asabar da safe, ya zo da kwalba. Za mu yanki reshe mai tsawon inci 4, mu zage ganyen ƙasa, mu tsoma a ruwa. A ajiye ta a tagar gabas, cikin mako 2 zai fid da saiwa.